Kukan Boris

A cikin duk ƙarar da mota ke yi idan wani abu ya lalace mata, babu mai iya ɓuya kamar ta boris. Birki idan ya cinye, ƙara yake yi mai tsini har masu tafiya a gefen titi su waiwayo. Inji idan ya samu matsala, ko ya yi tari, ko ya yi hayaƙi, ko ya mutu a tsakiyar mahaɗa ya bar mai shi da gumi da kunya. Boris kuwa da gurnani yake farawa, can ƙasa-ƙasa, kamar jirgin sama da ke wucewa nesa a bayan gajimare. Yau kaɗan, wata mai zuwa ɗan ƙari. Da yake ƙarin ba a rana ɗaya yake zuwa ba, kunnen mai mota yana sabawa da shi kamar yadda mazaunin bakin kasuwa ke sabawa da hayaniya, har ya riƙa ƙara muryar rediyo ba tare da ya san dalili ba. Shi ya sa yawanci baƙo ne ke fara jin sa, wanda aka rage wa hanya, ya zauna a kujerar baya ya ce, "Wai wannan ƙarar ta mece ce?"

Abin da ke kukan ƙarami ne, tafin hannu ya ishe shi zama. Nauyin mota gaba ɗaya a wurare huɗu yake sauka, kuma a kowane wuri akwai abu mai juyawa, wato taya da hob ɗin da aka ɗaure ta a kansa, akwai kuma ƙarfen ƙafar mota da ba ya juyawa. Boris ne ke sulhu tsakaninsu: zobba na ƙarfe mai tauri, na ciki da na waje, a tsakaninsu jeri biyu na ƙwallayen ƙarfe masu girman gurjiya, suna mirginawa cikin giris, an toshe bakinsu da roba. Tayar da ke ƙarƙashin yawancin RAV4 da CR-V, mai lamba 225/65 R17, kewayenta ya kai kimanin mita biyu da kwata, saboda haka takan juya sau 440 a kowace kilomita. Daga Kano zuwa Kaduna, tafiyar kilomita 230 ko kusa da haka, kowane boris ya juya fiye da sau 100,000 ke nan. A gudun kilomita 100 cikin awa, sau 12 yake juyawa a kowace daƙiƙa, ɗauke da rabonsa na motar da ta haura tan ɗaya da rabi, kuma abin da ya raba ƙarfe da ƙarfe a cikinsa fatar giris ce da ta fi gashin kai siranta nesa ba kusa ba.

Akwai wani lissafi da ya kamata duk mai irin wannan mota ya sani. A 1947 wasu masana biyu 'yan ƙasar Suwidin, Gustaf Lundberg da Arvid Palmgren, suka wallafa nazarin da har yau a kansa ake ƙiyasta tsawon rayuwar boris. Palmgren ma'aikacin SKF ne, kamfanin boris da aka kafa a 1907, wanda a cikinsa ma aka haifi kamfanin motoci na Volvo, sunan da a harshen Latin ke nufin "ina mirginawa". Abin da suka gano shi ne, rayuwar boris mai ƙwallaye ba daidai da ƙarin nauyi take raguwa ba, ninkin-ba-ninkin take raguwa. Idan aka ninka masa kaya sau biyu, ba rabin rayuwarsa ke saura ba, kashi ɗaya ne cikin takwas. Ƙarin kashi 25 cikin ɗari kawai ya kusa raba ta biyu. Duk wanda ya taɓa ganin mota ta dawo daga hutun Sallah a ƙauye, mutum shida a ciki, buhun masara biyu da galan ɗin man gyaɗa a but, bayanta ya durƙusa, ya ga wannan lissafin yana tafiya a kan titi.

Wani ɓangare na matsalar suna ne ya jawo shi. Duk mota mai ɗan tsawo jif ake ce mata a Nijeriya, alhali waɗannan ba jif ba ne. Land Cruiser da Hilux gangar jikinsu a kan ƙashin ƙarfe mai zaman kansa aka ɗora ta, irin ginin babbar mota. RAV4 da ta fito a 1994, da CR-V a 1995, da Lexus RX da Highlander da Venza da suka biyo baya, ƙananan motoci ne da aka ɗaga, jiki da ƙashi a haɗe. CR-V ta farko daga Civic aka tsiro da ita, Highlander da Venza kuwa danginsu ɗaya da Camry. Tsayin yana ruɗin direba. Ramin da zai lallaɓa ya zagaye da Corolla sai ya faɗa masa da gudu, ruwan da ya kwanta a titi da damina sai ya keta shi yana jin shi a sama yake. Ga shi kuma yawancinsu sun riga sun yi shekaru a Amurka ko Kanada kafin su sauka a Legas ko Kwatano, wasu a jihohin da ake watsa gishiri a titi lokacin ƙanƙara, tsatsa ta riga ta kama ƙafafunsu.

Wata likita a Kano, mai CR-V ƙirar 2012, ta bi kusan duk matakan da mai irin wannan matsala ke bi. Kowane ƙarshen mako tana zuwa Zariya duba mahaifiyarta, kuma ƙanwarta ce, a ɗaya daga cikin tafiye-tafiyen, ta fara tambayar ƙarar. Wurin mai sayar da taya ta fara zuwa, ya zagaya motar ya ce tayoyin gaba ne. Ta sayi biyu. Ƙara tana nan.

Ba lallai ne a zargi mai tayar da son ciniki ba, domin tayar da ta ci ba daidai ba, ta yi tudu da kwari ko haƙora kamar zarto, gurnaninta da na boris kamar an tsaga kara suke. Laifinsa kawai rashin gwadawa, kuma gwajin ba ya cin ko sisi. Ƙarar taya tana canzawa da irin titi, ta yi ƙarfi a kan kwalta mai kaushi, ta lafa a kan mai sulɓi, ta boris kuwa ba ruwanta da titi. Idan aka shafa tafin hannu a kan taya gaba da baya, haƙoran sukan kama fata ta ɓangare ɗaya. Idan kuma aka mayar da tayoyin gaba baya, na baya gaba, ƙarar taya takan bi tayarta ta koma, ta boris ta tsaya inda take. Sauran masu kama da ita sun fi sauƙin warewa. Kan shaf idan ya lalace, ƙas-ƙas-ƙas yake yi lokacin da aka karya sitiyari gaba ɗaya a hankali, kamar wajen juyawa a ƙofar gida. Ƙarar birki tana canzawa da an taka shi. Ta inji da giya tana bin totur. Ta boris gudun mota kaɗai take bi, ko an taka totur ko an ɗaga ƙafa.

A gareji na biyu an gano boris ne, na gaba ɓangaren dama, kuma an yi daidai. Aka aiki yaro ya sayo sabo, likitar ta tafi asibiti, da la'asar ta dawo ta ɗauki mota. Ƙara ta ɗauke. Sai dai wata fitila ruwan ɗorawa mai rubutun ABS ta kunnu a gabanta ta ƙi mutuwa, bakaniken ya ce ba komai, sai an goge ta da kwamfuta. Kafin wata uku gurnani ya dawo, daga ɓangaren da aka gyara.

A nan ne yawancin masu mota ke yanke hukuncin cewa kayan yanzu duk jabu ne. Akwai gaskiya a ciki. Jabun boris annoba ce ta duniya, har ƙungiyar manyan masu ƙera shi ta fitar da manhajar waya don tantance na gaske, kuma sunayen da aka fi amincewa da su, irin su Koyo da NSK da NTN da SKF, su ne aka fi kwaikwayon kwalayensu. Amma zargin jabu ya zama mafakar da ke rufe wani laifin da ya fi yawa. Sabon boris, ko na asali ne, sau da yawa ranar da aka saka shi ake kashe shi, cikin mintunan da mai mota ba ya wurin.

Wani abokin aikinta ne ya tura ta wurin wani dattijon bakanike, irin waɗanda suka koyi aiki zamanin da Fijo 504 da ake haɗawa a Kaduna tun 1975 ta cika titunan Arewa. Bai taɓa sifana ba sai da ya ce ta ba shi makulli su fita. A wani miƙaƙƙen titi mara cunkoso ya kai motar gudun sittin zuwa saba'in, ya riƙa karkata sitiyari a hankali, hagu, dama, hagu. Duk lokacin da ya karkata hagu gurnanin ya ƙaru, idan ya koma dama ya lafa.

"Likita, kin ji?"

"Na ji, Baba. Amma ai hagu ka juya, su kuma dama suka gyara."

"Idan mota ta juya hagu, ina nauyinta ke komawa?"

Dama yake komawa, kamar yadda fasinja ke jinginuwa da ƙofa a kwana, kuma boris mai ciwo idan aka ƙara masa kaya kukansa ƙaruwa yake yi. Ƙa'idar tana aiki a mafi yawan lokuta, amma ba kullum ba, domin jeri biyu ne a cikin boris ɗaya, wani lokacin jerin da ya lalace yakan samu sauƙi daidai inda ake zaton zai matsu. Saboda haka dattijon bai tsaya nan ba. Da suka koma ya ɗaga motar, ya tokare ta da ƙarfen tsaro ba jak kaɗai ba, ya kama tayar sama da ƙasa ya girgiza. Ba ta motsa ba. Ƙaramin bakanike a nan yake sallamar mai mota ya ce ƙafa lafiya lau. Shi kuwa sai ya ɗora tafin hannunsa a kan sifirin ɗin shokozoba, ya sa yaronsa ya juya tayar da ƙarfi, sannan ya ce wa likitar ta ɗora nata. Ta ji wata 'yar karkarwa tana bin ƙarfen, kamar ana niƙa yashi a nesa. A ɓangaren hagu ba ta ji komai ba. Ga wadda sana'arta ce sauraren ƙirji da taɓa jijiya, bayanin bai buƙaci ƙari ba.

Rashin motsin tayar ba hujjar lafiya ba ne. Boris na zamani a matse aka ƙera shi, littattafan gyara na Toyota, alal misali, lakon da suka yarda da shi bai wuce milimita 0.05 ba, abin da hannu ba zai iya ji ba sai da agogon awo. Yakan yi watanni yana kuka kafin ya fara lilo. Ranar da hannu ya ji taya tana girgiza, ciwo ya yi nisa. Ko a lokacin ma sai an bambance, domin bol-join da tayarod su ma suna sa taya motsi. Dabarar ita ce a sa wani ya taka birki a sake girgizawa: idan motsin ya ɓace boris ne, idan yana nan a nemi laifin a wani wurin.

Da aka fitar da boris ɗin wata ukun, dattijon ya ɓare shi, ya wanke zoben da fetur, ya miƙa mata a hasken rana. A kan hanyar da ƙwallayen ke bi akwai ƙananan lotsawa a jere, tazararsu ɗaya, daidai da tazarar ƙwallayen.

"Wannan ba rami ba ne, ba kuma tsufa ba ne. Guduma ce."

Injiniyoyi suna da suna ga irin wannan rauni, sun ɗauko shi daga Johan August Brinell, shi ma ɗan Suwidin, wanda a 1900 ya fito da hanyar auna taurin ƙarfe ta danna masa ƙwallo a auna ramin da ta bari. Abin da guduma ke yi ke nan ba da niyya ba. Boris ɗin gaban irin wannan CR-V, da na tsofaffin Highlander da RX da Venza, cusa shi ake yi cikin ramin ƙarfen ƙafa, wanda kanikawa ke kira nokul, kuma ramin ya ɗan fi shi ƙanƙanta da gangan, sai da ƙarfin tan da dama yake shiga. Aikin injin dannawa ne. Wanda ba shi da injin sai ya ɗora tsohon ƙarfe a kai ya yi ta duka, kowane bugu yana bi ta cikin ƙwallayen yana buga hatiminsu a jikin zobe. Ido ba ya gani, ranar farko kunne ma ba ya ji. Amma daga nan duk juyi ɗaya kowace ƙwallo sai ta faɗa waɗannan ramukan, sau 440 a kilomita, har gefensu ya fara ɓarewa, ɓarɓashin ya shiga giris ya zama yashin niƙa.

Fitilar ma ta samu bayani. A wannan motar ɗaya daga cikin fuskokin boris ɗin tana ɗauke da maganaɗisu a cikin robarta, shi ne sansar ABS ke karantawa ta san gudun taya. Fuskar nan ciki take kallo, wajen sansar. An saka ta tana kallon waje. Allura ko ɗan ƙarfen maƙale takarda ya isa ya nuna wace fuska ce, domin zai manne mata. Wata uku ke nan likitar tana bin hanyar Zariya, har da ranakun ruwan sama, ba tare da na'urar da ke hana taya kullewa a birkin gaggawa ba, tana jiran ranar da za ta samu sukunin zuwa a goge fitila.

Ba mugunta ce ke kawo irin wannan aiki ba, gado ne da bai dace da zamaninsa ba. Boris ɗin gaban tsofaffin motoci kwance shi ake yi, a wanke, a cika da giris, a mayar, a ɗaure noti a ɗan sassauta har hannu ya ji ya yi daidai. Ilimi ne na yatsu, kuma ya yi aiki shekaru da yawa. Na yanzu a rufe yake zuwa, ba a buɗe shi, ba a ƙara masa giris, kuma matsewarsa ba a yatsu take ba, tana cikin adadin ƙarfin da aka ɗaure babban notin shaf da shi. A irin waɗannan motoci adadin yana kamawa daga niwton-mita 200 da wani abu zuwa sama da 300, kowace mota da nata a littafinta. Idan bai kai ba zobban ciki su saki, idan ya wuce ƙwallaye su shaƙe su yi zafi. Yaron da ya zura bututu a hannun sifana ya hau kai yana tsalle bai san ko 150 ya ɗaure ko 500 ba. Sifana mai awo, wadda ke yin ƙas idan an kai adadin, kuɗinta bai kai na taya ɗaya mai kyau ba, amma garejin da ke da ita a ƙirga suke, kuma masu motoci ma ba sa tambaya. Mutumin da zai tsaya ya duba ranar ƙarewar magani a kwali, shi ne zai ajiye makullin motar da ke ɗaukar 'ya'yansa ya tafi bai tambayi ko akwai injin dannawa a wurin ba.

Aikin idan za a yi shi daidai bai da wani sirri. A fara cire sansa don kada ta karye, a rataye birki da waya kada ya lilo a jikin tiyonsa, a fitar da nokul gaba ɗaya a kai kan inji. Wajen cusa sabon boris, ƙarfin ya sauka a kan zoben waje kaɗai. Wajen cusa hob, a tokare zoben ciki daga baya, don kada ƙarfin ya bi ta ƙwallaye. A mayar da zoben kulle, a saka sabon noti domin tsohon an riga an lotsa bakinsa, a ɗaure da awo, kuma kada a sauke nauyin mota a kan ƙafar kafin notin ya ɗauru. Idan an kwance kusoshin shokozoba, a kai mota a daidaita saitin ƙafafunta. Masu RAV4 ta 2006 zuwa sama sun huta da rabin wannan, domin nasu boris da hob a haɗe suke zuwa, kusoshi huɗu ne ke riƙe da su, haka ma ƙafafun baya na yawancin waɗannan motoci. Ya fi tsada, amma guduma ba ta da hanyar shiga cikinsa, sai dai wajen fitar da tsohon idan gishirin Kanada ya manne shi.

A kasuwar kayan gyara, ko Ƙofar Ruwa a Kano, ko Panteka a Kaduna, ko Apo a Abuja, mai saye yakan tarar da zaɓi uku: sabo na asali, sabo mai araha, da nokul ɗan Beljiyam da aka ciro daga wata mota da boris ɗinsa a ciki. Kanikawa da yawa na ukun suke ba da shawara, kuma hujjarsu ba ta banza ba ce: a masana'anta aka cusa shi, hannun kowa bai taɓa shi ba. Amincewa ce a fakaice cewa hannun gida ake tsoro. Sai dai babu wanda ya san kilomita nawa ya yi a can, ko hatsarin da ya kai motar bola ta wannan ƙafar ya bi. Inda aka samu inji da mai awo, sabo na asali ya fi.

Ga mai tunanin ya ɗan ƙara haƙuri da gurnanin zuwa ƙarshen wata, boris yakan ba da lokaci, amma ba ya faɗin nawa. Idan ya fara lilo, faifan birki na lilo tare da shi yana tura takalman birki baya, sai direba ya taka ya ji ƙafarsa ta nutse fiye da yadda ya saba. Idan giris ya ƙone yakan yi zafin da zai kama ya ƙi juyawa, a mafi muni kuma taya ta rabu da mota. A cikin gari, a gudun talatin, wannan abin takaici ne. A hanyar Kaduna magana ce ta daban. Duk wanda ƙararsa ta koma niƙa, ko ya taɓa tsakiyar wili bayan tafiya ya ji ɗaya ya fi 'yan uwansa zafi ƙwarai, bai kamata ya hau babbar hanya ba.

Likitar ta zauna a benci har aka gama, ta ga an ɗora nokul a inji, ta ji sifanar ta yi ƙas. Da aka tayar da mota fitilar ta kunnu ta mutu da kanta bayan an ɗan gusa. Sannan ta yi tambayar da kowa ke yi, ko a canza na hagun ma a huta, tunda shekarunsu ɗaya. Takalman birki da shokozoba bibbiyu ake canza su, domin dole ɓangarorin biyu su yi aiki daidai wa daida. Boris ba haka yake ba, kowanne da ramukan da ya faɗa da ruwan da ya sha, wani yakan ninka ɗan uwansa shekaru. Dattijon ya sake ɗaga hagun, ya ɗora hannu a sifirin, yaro ya juya taya, ya saurara.

"Bar shi, Likita. Na masana'anta ne, kuma lafiyarsa ƙalau. Idan kin zo juyen mai sai mu sake taɓa shi."